Tukunya Ɗaya, Kowa Da Miyarsa: Mu Daina Sayen Riɗinmu A Kwalba

 

Yau maganar abinci za mu yi. Akwai wani salon cin abinci da ya fara shigowa gidajen wasu daga cikinmu, musamman ta hanyar yaranmu da ke ganinsa a waya ko a gidajen abincin Sinawa na Legas. Ana ɗora tukunyar romo tana tafasa a tsakiyar jama'a, kowa ya ɗauki yankan nama siriri ya tsoma, ya dahu nan take, ya ciro ya dangwala a wata 'yar miya da ke gabansa, ya kai baki. Turawa suna kiransa fondu, Sinawa kuma suna ce masa huoguo, wato tukunyar wuta.

Na lura mutanenmu sun rabu gida biyu a kansa. Wasu sun ce abincin baƙi ne, babu ruwansu da shi. Wasu kuma sun rungume shi, amma sai su tafi manyan kantuna su kwaso kwalaben miya masu tsada, rubutun jikinsu ma ba sa iya karantawa. Ra'ayina shi ne duka biyun sun yi asara. Daɗin wannan abinci yana cikin miyar dangwalawa, ita kuwa miyar, kusan duk kayanta mu ne muke dakonsu daga Arewa zuwa Mile 12 da Bodija. Ya kamata mu koyi haɗa ta da hannunmu.

Bari mu fara da asalin abin, domin wanda bai san mafari ba ba zai san inda haɗari yake ba.

Fondu na asali abincin mutanen Suwizalan ne, kuma sunan daga kalmar Faransanci yake mai nufin narkewa. Cuku suke narkarwa a tukunya, su riƙa tsoma gutsuren burodi a ciki. Ƙungiyar masu cuku ta ƙasar ce ta dage da tallata shi tun shekarun 1930 har ya zama abincin ƙasa. A nan sai mu yi hattara: yadda aka saba yinsa, da farar giyar inabi ake narka cukun, sau da yawa a ƙara wata barasa mai suna kirsch. Kada wani ya ce ai wuta ta ƙone ta, domin dafuwa ba ta fitar da barasa gaba ɗaya. Wannan nau'in ba shi nake kira a yi ba.

A shekarun 1950 aka samu nau'i na biyu, wanda ake soya gutsuren naman sa a tukunyar mai. Sai na uku, wanda su da kansu suke kira fondun Sinawa, inda romo ya maye gurbin mai. Shi ne abincin da iyalai da yawa a Suwizalan suke ci lokacin Kirsimeti da daren sabuwar shekara. Ka ga ke nan Turawan ma aro suka yi daga Asiya.

Idan muka bi sawun aron zuwa ƙasar Sin, za mu tarar da abin da zai ba wasu mamaki. Ɗaya daga cikin mashahuran gidajen wannan abinci a Beijin shi ne Donglaishun, wanda wani Musulmi ɗan ƙabilar Hui mai suna Ding Deshan ya faro a 1903. Naman rago ake yankawa siriri kamar takarda, a tsoma a tukunyar tagulla mai gawayi a tsakiya, a dangwala a miyar riɗi. Rago, gawayi, riɗi, yankan Musulmi. Wanda ya ce wannan abincin ya yi nisa da mu, to ya sake dubawa. Daga can ne salon ya shiga Japan, inda wani gidan abinci a birnin Osaka ya raɗa masa suna shabu-shabu a shekarun 1950.

To me ya sa na ce daɗin yana cikin miyar? Saboda naman da aka tsoma a romo na 'yan daƙiƙu ba shi da wani ɗanɗano mai yawa. Ba a jiƙa shi da kayan ƙamshi ba, ba a gasa shi ya sha hayaƙi kamar tsire ba. Miyar ce take ba shi gishiri da tsami da zaƙi da yaji da maiƙo. Waɗannan biyar ɗin su ne ginshiƙin miyoyin dangwalawa da yawa na Asiya, daga Beijin har Jakarta. Wanda ya riƙe su ba ya bukatar littafi. Idan ka ɗanɗana ka ji ta yi nauyi, ƙara tsami. Idan ta yi kaifi, ƙara zaƙi ko mai. Idan ta yi lami, gishiri take nema.

Yanzu ku dubi inda waɗannan abubuwa suke fitowa. Riɗi ana noma shi a Jigawa da Nasarawa da Binuwai, ana tara shi a kasuwanni irin su Dawanau da Maigatari, ya biyo hanya zuwa tashar jiragen ruwa ta Legas, ya tafi Japan da Sin da Turkiyya. Citta daga Kaciya da sauran kudancin Kaduna take, wadda cutar da ta afka wa gonaki a 2023 ta nuna mana darajarta, don kowa ya ga yadda ta yi tsada. Tafarnuwa da albasa daga Sakkwato da Kabi da Kano. Gyaɗa, tsamiya, barkono, attarugu, duk a hannunmu suke. Mu ne muke loda buhu, mu ne muke kwana a kan tirela, mu ne muke sauke kaya da asuba. Sannan a can waje a soya riɗin, a matse, a zuba a 'yar kwalba, a liƙa takarda mai kyau, ɗanmu ya je kanti ya saya da kuɗin da zai sayi mudu da yawa na riɗi a wurin babansa. Wannan shi ne abin da yake ci mini tuwo a ƙwarya.

Ga yadda ake haɗa guda biyar daga ciki. Duk inda na ce cokali, babban cokalin cin abinci nake nufi, kuma awon ya ishi mutum huɗu.

Ta farko ita ce miyar riɗi irin ta Beijin. A wanke riɗi kofi 1, a rege tsakuwa, a shanya ya bushe, a soya a busasshen kasko da wuta kaɗan har ya yi ƙamshi ya soma tsalle. Kada a bari ya yi duhu, zai yi ɗaci. A niƙa shi da mai cokali 2 har ya zama kamar tunkuza mai laushi. A ɗebi cokali 4, a riƙa zuba ruwan ɗumi cokali-cokali ana juyawa. Da farko zai ƙulle ya yi tauri, kada uwargida ta tsorata, a ci gaba da zuba ruwan a hankali, zai saki ya yi sumul kamar kunun gyaɗa mai kauri. Sai a sa baƙin ruwan waken suya da ake kira soya sos cokali 1, khal ƙaramin cokali 1, sukari kaɗan, dakakkiyar tafarnuwa, da yankakken lawashi. Mutanen Beijin suna ƙara wata irin awara da aka tsima ta daɗe, don ta ba miyar ƙarfi. Mu muna da daddawa. Rabin ƙaramin cokali na dakakkiyar daddawa ya wadatar.

Ta biyu ta fi kowace sauƙi, ita ce ta mutanen Chongqing da lardin Sichuan, waɗanda romonsu yake da yaji kamar wuta. Man riɗi cokali 3, tafarnuwa ƙwaya 3 a daka, gishiri kaɗan, shi ke nan. Aikinta ta sanyaya naman ta rage masa zafin barkono. A tabbata man riɗin na soyayyen riɗi ne, shi ne mai ƙamshin.

Ta uku ita ce ponzu ta Japan, mai tsami, wadda ta dace da nama mai kitse. Soya sos cokali 4, ruwan lemon tsami cokali 2, ruwan lemon zaƙi cokali 2, zuma ƙaramin cokali 1. Su Japanawa suna jiƙa busasshen kifi da wani ganyen teku a ciki. Mu sai a jefa ɗan gutsuren busasshen kifi mai tsabta, a sa a firij ya kwana, a tace da safe.

Ta huɗu ita ce miyar gyaɗa ta Indunusiya da Malesiya, wadda suke cin tsirensu da ita, tsiren da suke kira sate. A birnin Malaka na Malesiya har tukunya guda ake cikawa da ita tana tafasa, mutane suna tsoma tsinkensu a ciki. A niƙa soyayyar gyaɗa kofi 1, amma kada ta yi laushi sosai. A soya albasa da tafarnuwa da attarugu 2 da ɗanyar citta a ɗan mai, a zuba gyaɗar, a sa ruwan tsamiya cokali 3, madarar kwakwa rabin kofi, gishiri, da mazarƙwaila a madadin irin sukarin da suke sawa. A bar ta a wuta kaɗan ana juyawa har mai ya taso. Duk ɗan Arewan da ya ɗanɗana wannan zai ce ai ya san ta, domin 'yar'uwar labun kilishi ce.

Ta biyar shi ne man barkono, na masu son yaji. A zuba dakakken busasshen barkono cokali 4 da riɗi cokali 1 da gishiri a kwanon ƙarfe. A ɗora man gyaɗa rabin kofi da 'yan yankan citta da kanumfari 2, ya yi zafi amma kada ya yi hayaƙi. A tsame cittar da kanumfarin, a sauke man ya huce na minti ɗaya ko biyu, sannan a kwarara a kan barkonon kashi-kashi. Idan man ya yi zafi da yawa barkonon zai ƙone ya yi baƙi.

Romon kansa ba ya son hidima: ƙashin sa ko na rago, citta, albasa, tafarnuwa, gishiri kaɗan. Naman a sa shi a firiza kamar awa 1 ya ɗan daskare don ya yanku siriri, ko kuma a kai wa mai kilishi, domin babu wanda zai koya wa mahaucin Bahaushe feɗe nama kamar takarda. A jera kabeji, alayyahu, karas, awara da taliya a gefe. Awarar nan da yaranmu suke saya a bakin titi ita ce dai wadda Sinawa suke tsomawa a tukunyarsu.

Yanzu bari in koma ga masu kwalba, domin a nan maganar ta wuce ta kuɗi. Miyoyin Asiya da yawa da ake sayarwa a shirye suna da giya a ciki. Mirin, da Japanawa suke sawa a ponzu da miyar riɗinsu, giyar shinkafa ce mai zaƙi, kuma na ainihi yana da barasa kusan kashi 14 cikin 100. Sinawa suna da giyar girki ta Shaoxing, kuma tsimammiyar awarar nan da na ambata sau da yawa da giyar shinkafa ake tsima ta. Mutum zai ɗauko kwalba mai hoton riɗi ko lemo, bai san me ke ciki ba. Wanda ya haɗa da hannunsa ya huta da wannan zullumi. Abu ɗaya da ba za mu iya yi a gida da sauƙi ba shi ne soya sos, don yana ɗaukar watanni kafin ya nuna. Shi ma wanda aka tsima ta hanyar gargajiya yana da ɗan burbushin barasa da ke fitowa daga tsimin, kuma malamai sun yi saɓani a kan irin wannan. Akwai mai tambarin halal, a nemi shi. Wanda zuciyarsa ba ta kwanta ba, ya jiƙa daddawa a ruwan zafi da gishiri ya tace. Ba zai zama iri ɗaya ba, amma zai yi aikin.

Na san wani zai ce, idan ka cire mirin ka sa zuma, ka cire awarar Sinawa ka sa daddawa, ai ka ɓata abin, ba na Asiya ba ne kuma. Amsata ita ce, barkonon da mutanen Sichuan suke alfahari da shi ba ɗan ƙasarsu ba ne. Daga nahiyar Amurka ya fito, bai isa Sin ba sai wajajen ƙarshen ƙarni na 16. Gyaɗar da ke cikin miyar sate ita ma daga Kudancin Amurka take, haka tamu ta ƙuli-ƙuli. Kowace al'umma ta karɓi baƙon abu ta juya shi da abin da ke rumbunta. Mutanen Suwizalan da suka ari tukunyar Sinawa, da miyoyin mayonis suke ci, kuma babu wanda ya kai su ƙara. Don me mu za mu ji kunyar daddawa?

Wani kuma zai ce, mu da muke da yajin tsire, me za mu yi da miyar wasu? Gaskiya ne yajinmu ba shi da na biyu a kan gasasshen nama. Amma busasshe ne, kuma babu tsami a cikinsa. A kan naman da ya fito daga romo yana jiƙewa ya yi dunƙule. Gwada ka dama shi da ɗan man gyaɗa da lemon tsami da cokali guda na romon, za ka samu miya ta shida, wadda babu ita a Beijin. Ilimin haɗa abubuwa biyar ɗin nan da na faɗa ƙari ne a kan abin da muka gada, bai rage mana komai ba.

Akwai masu ƙyamar a ce kowa yana tsoma abu a tukunya ɗaya. Wannan ya ba ni dariya, mu da muka tashi muna cin tuwo a akushi ɗaya. Amma akwai gaskiya a cikin tsoron, kuma ga ƙa'idojin da bai kamata a yi wasa da su ba. Romo ya kasance yana tafasa kafin a tsoma nama. Tsinke ko cokali mai yatsun da ya taɓa ɗanyen nama kada ya shiga baki, kada kuma ya shiga kwanon miya. Kowa ya riƙe biyu, na tsomawa da na ci. Kaza ta dahu sosai har ciki, ba a yi mata gaggawar da ake yi wa naman sa. Idan da kurfoti za a yi, a fita tsakar gida ko baranda, domin hayaƙin gawayi a rufaffen ɗaki yana kisa ba tare da an ji wari ba, kamar dai na janareto. A ajiye tukunya inda yara ba za su jawo ta ba. A zaɓe gyaɗa a zubar da mai fumfuna. A tambayi baƙo ko jikinsa yana karɓar gyaɗa da riɗi, don akwai waɗanda suke yi wa mummunar illa. Miyar da ke da ɗanyar tafarnuwa a cikin mai a yi daidai ci, kada a ajiye ta kwanaki. Masu hawan jini kuma su sani, cokali 1 na soya sos yana ɗauke da kusan rabin gishirin da Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce ya ishi babba a yini, wato ƙasa da giram 5.

Akwai wani dalili kuma da ya sa nake ganin wannan abinci ya dace da mu mazauna Kurmi fiye da 'yan'uwanmu na gida. Duk wanda ya taɓa gayyatar maƙwabta cin abincin Salla ya san wahalar. Maƙwabcinka Bayarbe yana son barkono har ya yi gumi. Abokin kasuwancinka ɗan ƙabilar Ibo yana neman ɗanɗanon busasshen kifi. Baba tsoho da ya zo daga gida ciki ya hana shi yaji. Yaran da aka haifa a Agege ko Sabo kuwa bakinsu ya rabu biyu, ba su nan ba su can. Uwargida ta yi miya ɗaya, dole wani ya ci don kunya. A wannan tsari kuwa romo ɗaya ne, naman ragon layya ne da ka san wanda ya yanka, sannan ga ƙananan kwanoni biyar ko shida, kowa ya haɗa daidai bakinsa. A manyan gidajen wannan abinci na ƙasar Sin, irin su Haidilao da aka kafa a Sichuan a 1994, tebur guda ake warewa na kayan miya, kowa ya je ya haɗa tasa. Kuma abinci ne da ba a cinsa da sauri. Dole a zauna, a jira nama ya dahu, a yi hira. Mu da yawancin hulɗarmu da mutanen gari ta tsaya a nawa ne, rage mini, zaman awa biyu a kan tukunya ɗaya ba ƙaramin abu ba ne.

Sai maganar sana'a, wadda nake so matasanmu da matanmu su yi wa kunnen basira. Mun ga yadda yajin tsire ya shiga roba da kwalba yana zaune a manyan kantunan Legas, kuma ba kullum ne sunan masu asalin sana'ar yake jiki ba. Niƙaƙƙen riɗi da man riɗi da man barkono abubuwa ne da mace za ta iya farawa a ɗakin girkinta da mudu biyu, ta sayar wa maƙwabta, idan abin ya karɓu ta nemi rajistar NAFDAC. Kayan suna zuwa mana a farashin sari, kafin kowa ya taɓa. Idan muka tsaya muna cewa abincin baƙi ne, wani zai zo ya sayi riɗin a hannunmu, ya niƙa a bayan layinmu, ya sayar wa 'ya'yanmu. Hausawa sun ce in kiɗa ya canza, rawa ma sai ta canza.

Shawarata ita ce a fara da biyu kawai, miyar riɗi da ta lemon tsami, a gwada a gida da iyali ranar da babu kasuwa. Ba a bukatar tukunya ta musamman, ƙaramin gas da tukunya mai faɗi sun isa. Idan hannu ya faɗa, sai a ƙara ta gyaɗa da man barkono, a kira maƙwabta.

Allah Ya sa albarka a neman da muke yi, Ya zaunar da mu lafiya da waɗanda muke zaune a cikinsu, Ya mai da kowa gida da alheri. Wassalam.